Mai Amsa Sunan Amadu

In ka fita daga cikin birnin Daura ka miƙi hanyar Zango, akwai wani fili a hannun dama da aka zagaye da bulo, an fara gini a ciki an bari. Nan majema take a da. A wancan lokacin ba sai an yi maka kwatance ba, hancinka ne zai sanar da kai ka iso. Yau warin ya tafi, masu sababbin gidaje a gefen wurin sun huta da toshe hanci, kuma duk garin mutum ɗaya ne yake kewar warin nan. Shi ne Malam Uwaisu ɗan Amadu Majemi.

Gajere ne kakkaura, mai saurin tafiya kamar wanda ya bar tukunya a kan wuta. Hannayensa, daga yatsu zuwa gwiwar hannu, sun rine da ruwan bagaruwa, rinin da ba sabulun da zai fitar da shi. A shekarun da yake jima, ko wanka uku ya yi ranar Juma'a, in ya shiga sahu sai na damansa ya ɗan muskuta, na hagu ma haka. Bai taɓa jin haushi ba. Cewa yake duk masallacin ba wanda ya kai shi samun sarari, ko liman.

A cikin birni aka haife shi, a gidan da aka gaji jima kaka da kakanni. Ramukan jimar suna bayan gida. Nan ya koyi tsoma fata a ruwan toka har gashi ya saki, ya koyi riƙe kartaji ya karce ta ba tare da ya huda ba, ya koyi dakan bagaruwa har tafin hannunsa ya yi kanta. Abu ɗaya ya bambanta shi da sauran 'ya'yan masu jima: ya yi firamare har aji bakwai. Wannan aji bakwai shi ne abin taƙamarsa, kuma yana cikin abubuwan da suka ja masa daga baya.

Yana da shekara ashirin da huɗu birni ya cika ya batse, maƙwabta suka kai ƙarar wari, hukuma ta ce masu jima su fita bayan gari. Aka ce ba a ba mutum ɗaya fili, sai dai su haɗu su yi rajistar ƙungiyar gama kai a ba ta. Dattawa goma sha huɗu suka haɗu, cikinsu har da Amadu. Aka ba ƙungiya fili, aka gina mata rijiya, takardar filin kuma ta fito da sunan ƙungiya, ba da sunan kowa ba. Aka ba su wani littafi mai koren bango na rubuta sunayen 'yan ƙungiya. Wa zai rubuta? Ai ga ɗan Amadu mai aji bakwai. Tun daga ranar aka fara kiransa Sakatare.

Ya zauna a gindin bagaruwar da ke tsakiyar filin, ya jera sunayen da rubutunsa mai kyau, ɗaya zuwa goma sha huɗu, kowa da shekarar haihuwarsa ta ƙiyasi. Amadu shi ne na huɗu. Da ya gama sai ya sa biro a layi na goma sha biyar.

Uban ya ce, "Me kuma za ka rubuta?"

"Sunana, Baba."

"Ramin wa kake aiki a ciki?"

"Naka."

"To, rami ɗaya suna ɗaya. Ko so kake ka jera kafaɗa da ni a takarda?"

Uwaisu ya ɗauke biro, kunya ta rufe shi. A gefen kowane suna kuma akwai wani ɗan gurbi da aka ce mutum ya faɗi wanda zai gaji matsayinsa in ya mutu. Da ya karanta musu, dattawan suka yi tsaki baki ɗaya. Babbansu, Baba Audi, ya ce Allah ya riga ya raba gado, ba su ne za su gyara masa rabo da biro ba. Kuma wane uba ne zai nuna ɗa ɗaya tun yana raye, ya haɗa gidansa faɗa? Aka bar gurbin fari fat.

Ga yadda masu jima suke, tun suna cikin birni. Kowane rami yana da sunan wanda ya gina shi. In mutum ya rasu, ɗan da ya shiga ramin shi ke ɗaukar sunan a wurin aiki. In aka kawo fatu daga Mai'aduwa ko Ɓaure ko Babban Mutum za a raba, Baba Audi yakan tsaya ya kira sunaye da ka. Ya ce, "Lawal!" sai ɗan Lawal ya ce, "Na'am," ya ɗauki kason ramin Lawal. Ba wanda yake ganin ƙarya a ciki. Kowa ya san Lawal yana kabari, kowa ya raka shi. Amma raminsa yana nan, yana ciyar da gidansa, to me ya sa za a daina kiransa?

Amadu ya rasu bayan shekara goma sha biyu da komawa sabon fili. Bayan sadakar arba'in Uwaisu ya ɗauko koren littafi, don ya ji a bakin wani cewa ana jan layi a kan sunan wanda ya mutu. Ya buɗe, ya ɗora bakin biro a kan harafin farko, hannunsa ya ƙi tafiya. Baba Audi yana gefe yana wasa kartaji, ya ɗago ya dube shi.

"An binne shi sau ɗaya, kai kuma za ka ƙara binne shi da biro?"

Uwaisu ya rufe littafin. Da aka zo rabon fatu na gaba, Baba Audi ya ce, "Amadu!" Uwaisu ya ce, "Na'am." Ya ji wani abu ya cika masa ƙirji, irin daɗin da ke haɗe da ƙwalla. Daga ranar, duk sanda aka kira sunan, sai ya ji kamar tsohon ya ɗan zagaya ne bayan rijiya, shi kuma yana riƙe masa wuri.

Shekara goma sha tara da yin rajista ba wani ma'aikaci da ya taɓa leƙo majema, kuma ba mai ganin laifinsu, wurin ba na shan iska ba ne. Sai a shekara ta uku da ƙaddamar da shari'a aka ce ƙungiyoyin bogi sun yi yawa, kowa ya tara sunayen 'yan gidansu ya ce ƙungiya ce, saboda haka za a bi ɗaya bayan ɗaya a tantance. Mako guda bayan Babbar Salla, lokacin da fatun layya suka taru tsibi tsibi, wani matashin ma'aikaci mai suna Sagir ya iso a kan babur, da hankici a hanci. Ɗan gari ne, mai ladabi. Ya durƙusa ya gai da Baba Audi, ya karɓi littafi ya fara kiran sunaye.

Sunaye goma sha huɗu, na'am goma sha huɗu. Sagir har ya yi murmushi, don tun safe bai ga ƙungiyar da ta cika haka ba. Yana shirin rufe littafi idonsa ya faɗa kan shekarar haihuwar Maliki, ya ɗago ya dubi wanda ya amsa, saurayi ne ko furfura ɗaya babu.

"Kai ne Maliki?"

"Ni ne."

"A nan an ce ka haura saba'in."

"Au, wancan Malikin? Ai ya rasu shekara bakwai. Ni ne Maliki yanzu."

Sai Uwaisu ya matso yana goge hannu a jikin riga, ya shiga bayani da alfahari. Ya faɗi wanda ya rasu da shekarar da ya rasu, da ciwon da ya yi ajalinsa, da ɗan da ya shiga raminsa, bai bar ko ɗaya ba. Yana tsammanin nuna wa baƙo yake yi yadda masu jima suke riƙon amana. Bai san da bakinsa yake rubuta wa Sagir rahoto ba. Tara sun mutu, biyar ke raye, doka kuma ta ce ƙungiyar da ba ta kai mutum goma ba ba ƙungiya ba ce.

Sagir ya ja shi gefe ya sassauta murya. "Malam Sakatare, sai Litinin ta sama zan miƙa rahoto. Ku zauna da biyar ɗin nan da ke raye su yarda, ku cire waɗanda suka rasu, ku sa 'ya'yansu, kowa ya dangwala. Ka kawo mini ofis kafin ranar. Shi ke nan, ba wanda zai ji."

Abin da ba zai ci rabin yini ba ke nan. Uwaisu ya kai maganar gaban dattawa da la'asar. Baba Audi ya ce yaron gwamnati ya zo da ƙuruciya. Shekara goma sha tara suna nan ba wanda ya ce a soke sunan kowa. Wani ya ce a bari a gama da fatun layya tukuna, don fata ba ta jira, in ta kwana uku ba a taɓa ta ba ta ruɓe. Uwaisu da littafin yake hannunsa, da ya dage da an yi. Amma ya tuna layi na huɗu, sai ya ji sanyi a ransa da dattawa suka ƙi. Ya ce a bari bayan aiki. Litinin ta zo ta wuce suna cikin rami har gwiwa.

Wata biyu bayan haka takarda ta iso, da Turanci, da hatimi. Uwaisu ya karanta ta a gindin bagaruwa yana bi da yatsa. Ya gane an soke rajistarsu. Ya gane kuma duk abin da ke da sunan ƙungiya, wato fili da rijiya, za a naɗa wanda zai karɓa ya sayar. Akwai wasu layuka biyu a ƙasa da ƙananan haruffa, masu dogayen kalmomi, waɗannan bai gane su ba, sai ya ɗauka gaisuwar rufe wasiƙa ce.

Da ya koma gida matarsa Haulatu ta ga fuskarsa ta tambaya, ya gaya mata. Mace ce mai ƙarancin magana, mai sayar da ƙuli da man gyaɗa a cikin gida.

Ta ce, "Malam, da ka kai wa Jafaru ya duba maka. Tun da shi malamin makaranta ne, Turancin ya fi zama a bakinsa."

Jafaru ƙaninta ne. Uwaisu ya ɓata rai. "Shekara goma sha tara ina riƙe da littafin nan, sai yau zan kai wa yaron da aka yi wa kaciya a gabana ya karanta mini wasiƙa? Na karanta na gane. Kuma ai yanzu ba da ba ce. Shari'a ta zo."

Sai wanda ya ga waɗannan shekarun zai gane abin da wannan kalma take nufi a bakin talaka. Mutane sun yi imani an gama da zamanin da ake juya mutum da Turanci. Yanzu ga alƙali, ga littafin Allah, ga shaidu, a yi magana da Hausa kowa ya ji. Uwaisu ya duba lamarinsu ya ga ai gado ne tsantsa: uba ya mutu, ɗa ya gaji rami. Wa ya fi alƙalin Musulunci sanin gado? Washegari suka sa fararen riguna, suka shafa turare har ya yi yawa, suka nufi kotun shari'a.

Alƙalin mutumin kirki ne, wannan ba mai musu. Ya saurare su da haƙuri. Ya sa kowane ɗa ya kawo shaidu biyu cewa shi ɗan wane ne, kuma shi ke aiki a ramin. Ya taka da ƙafarsa har majema, ya duba ramukan ɗaya ɗaya, bai ko toshe hanci ba, abin da masu jima suka daɗe suna ba da labarinsa. Ana aika sammaci ofishin ƙungiyoyi, ba mai zuwa, ana ɗagawa. Aka kwashe wata goma sha uku. Rannan sai ga wani lauyan gwamnati da baƙar kwat, ya miƙe ya yi magana ta minti biyar ya zauna.

Alƙali ya daɗe yana kallon takardar da aka miƙa masa. Sannan ya ce, "Malam Uwaisu, na ga ramukanku, na ji shaidunku. Da tsakaninku da 'yan'uwanku ake jayayyar gado, da yau na yanke. Amma wannan hukuncin ofis ne a kan rajista, kuma ba ni da hurumin taɓa shi. Ba a ba ni ba."

"Allah ya gafarta Malam, ba an ce shari'a ta zo ba?"

"Ta zo. Amma ba ta zo nan ba."

A lokacin ne Uwaisu ya yarda ya nemi lauya. Jafaru ɗin da ya raina shi ya haɗa shi da wani abokinsa a Katsina, Lauya Nabil, matashi mai ofis ɗaki ɗaya a saman wani shago. Nabil ya karɓi takardar, wadda ta yi laushi saboda ninki, ya karanta har ƙasa, ya ɗora yatsa a kan ƙananan layukan nan biyu.

"Baba, kun karanta wannan?"

"Gaisuwar?"

"Ba gaisuwa ba ce. Cewa aka yi in ba ku yarda ba, ku kai kuka gaban Kwamishina kafin wa'adi ya cika. Wasiƙa ɗaya ce kawai. Da kun rubuta kun haɗa da sunayen 'ya'yan, ina kyautata zaton da an mayar muku."

"To mu rubuta yanzu."

"Wa'adin ya cika kusan shekara guda da ta wuce."

Uwaisu bai gaya wa Haulatu wannan ba sai bayan shekara biyu. Da ya gaya mata ba ta ce ai na faɗa maka ba. Ta ci gaba da murza ƙulinta, hakan kuma ya fi masa zafi.

Saura hanya ɗaya, babbar kotu. Nabil ya shigar da ƙara da sunan Uwaisu a matsayin sakatare, yana roƙon a rushe hukuncin soke rajista, don ba a kira su an ji ta bakinsu ba kafin a yanke. Kotu ta ce kowa ya tsaya inda yake sai an gama, saboda haka aiki ya ci gaba a majema. Uwaisu ya zama ɗan hanyar Katsina. Ya san direbobin tasha da sunayensu, ya san bencin da fanka take kaiwa. Yau alƙali ya tafi taro, gobe lauyan gwamnati ba shi da lafiya, jibi ma'aikata suna yajin aiki, gata an yi wa alƙali canjin wuri a faro daga farko. Yakan zauna tun tara na safe ya ji an yi Turanci na minti biyu, Nabil ya juyo ya ce masa an ɗaga zuwa bayan Salla. Kuɗin mota da na takardu daga fata suke fitowa, fatar kuma tana raguwa, don masu kai ta kudu a ci ganda da dillalan kamfanonin Kano sun fi su tayi. 'Ya'yan ramuka suka fara zamewa. Sabon Maliki ya sayi babur ya kama acaɓa. Ɗan Lawal ya tafi Legas. Gari kuma ya biyo su har bakin rijiya, masu sababbin gidaje suka fara rubuta takardun ƙorafin wari, kamar ba su suka tarar da majemar ba.

A shekara ta huɗu aka zo sauraro na gaskiya. Uwaisu ya shiga akwatin shaida da koren littafinsa. Lauyan gwamnati ya yi masa magana da Hausa, a hankali, har da "Baba".

"Rubutun wa ke cikin littafin nan?"

"Nawa ne, ranka ya daɗe. Duka."

"Madalla. Wannan shi ne littafin 'yan ƙungiya?"

"Shi ne."

"To nuna wa kotu sunanka."

Ya buɗe shafin da ya haddace. Ya bi da yatsa daga ɗaya zuwa goma sha huɗu, kamar mai fatan wani ya ƙara layi ba da saninsa ba. Yatsan ya tsaya a na huɗu.

"Ga shi. Amadu."

"Kai ne Amadu?"

Ya buɗe baki zai ce ni ne, sai ya ga Nabil yana girgiza masa kai. Ya ce, "Mahaifina ne."

"Yana ina?"

"Ya rasu."

Lauyan ya juya wajen alƙali ya koma Turanci. Ba sai an fassara ba. Wanda ya shigar da ƙara ba ɗan ƙungiya ba ne, bai taɓa zama ba, saboda haka ba shi da bakin magana. Mutumin da ya rubuta kowane harafi a littafin, ya shekara ashirin da huɗu yana ajiye shi a cikin adakar matarsa don kada gara ta ci, kotu ta ce baƙo ne. Aka kori ƙarar.

Nabil, Allah ya saka masa, bai yar da su ba, alhali ya daɗe da daina tambayar kuɗinsa. Ya ce a sake shigarwa da sunan wanda ke cikin littafi kuma yake raye. Aka duba. Cikin biyar ɗin da Sagir ya tarar, huɗu sun tafi a shekarun da ake ta ɗage ƙara. Saura Baba Audi, ya doshi casa'in, ido ya tafi, ƙafa ta tafi, sai baki. Aka kai masa takarda har shimfiɗa ya dangwala. Duk majema, fili da rijiya da ramuka goma sha huɗu, ta koma rataye da numfashin tsoho ɗaya.

Sau biyu ana ɗaukar shatar mota a kai shi Katsina, Uwaisu ya goya shi daga bakin ƙofa zuwa benci. Sau biyun ana ɗagawa. A dawowa ta biyu, sun wuce Mashi, tsohon ya laluba ya kama hannun Uwaisu.

"Amadu."

"Na'am, Baba."

"Ka ce wa alƙalin nan ya hanzarta. Ni ma ana jirana a wata kotun, kuma can ba a ɗagawa."

Direba ya yi dariya. Uwaisu bai yi ba. Can tsohon ya ƙara cewa, "Ni na hana ka jan layin nan ko?"

"Ba kai ba ne, Baba. Ni ma ban so ba."

"To Allah ya yafe mana mu biyu."

Saura mako uku a koma kotu Baba Audi ya cika, da hantsi, ranar wata Laraba. Nabil ya nemi a sa ɗan marigayin a madadinsa. Lauyan gwamnati ya sake buɗe koren littafi, ya nuna ɗan gurbin magaji da ke gefen sunan Audi, fari fat kamar ranar da aka kawo shi. Ya ƙara da cewa ko da ma an cike shi, lokacin ƙalubalantar hukuncin ya daɗe da wucewa. Wannan karon Nabil da kansa ya ce, "Baba, hanya ta ƙare." Ya ce suna iya kafa sabuwar ƙungiya, amma fili ba zai bi ta ba, na tsohuwar ne. Uwaisu ya ƙirga masu zuwa majema a yatsunsa, har da shi su shida ne. Ko goman ba su kai ba.

Wanda aka naɗa ya rufe al'amuran ƙungiya Sagir ne. Shekara takwas sun sa masa tumbi da furfura a gemu, ya zo da mota maimakon babur, amma bai zo da hankici ba. Ƙa'ida ta ce kafin a karɓi fili sai an tara 'yan ƙungiya an kira sunayensu karo na ƙarshe, ko akwai mai magana. Tun ana gobe Nabil ya bugo wa Uwaisu waya ya ja masa kunne: duk wanda ya amsa sunan da ba nasa ba a gaban jami'i, bayan abin da aka faɗa a kotu, sojan gona ne, ana iya kama shi. Kada kowa ya amsa.

Suka tsaya a gindin bagaruwa su shida, da safe, hannuwa a baya. An kwashe fatun tun jiya, ramuka sun rage ruwa baƙi ƙirin. Sagir ya gaishe su bai iya haɗa ido da Uwaisu ba. Ya buɗe littafi.

"Audi."

Shiru. Ya kira sau uku, ya yi rubutu. Ya kira na biyu, ya kira na uku. Ɗan na ukun yana tsaye a wurin, ya sunkuyar da kai yana tona ƙasa da babban yatsa.

"Amadu."

Shekara goma sha biyar ba a taɓa kiran sunan nan a filin nan ya faɗi ƙasa ba. Na'am ɗin ta taso wa Uwaisu da kanta har maƙogwaro, ya danne ta da haƙora.

"Amadu."

Uwaisu ya dubi ramin, na huɗu daga rijiya, da dutsen da mahaifinsa yake ɗora ƙafa in zai karci fata, wanda ya lotsa a tsakiya.

Sagir ya ɗan dakata kafin na uku, ya sassauta murya kamar mai roƙo. "Amadu."

Ba wanda ya amsa. Sagir ya ce, "Ba ya nan," ya ja layi, ya wuce na biyar.

Uwaisu bai jira an kai goma sha huɗu ba. Ya taka da ƙafa har cikin birni, wannan karon a hankali. Yau shekarunsa sun haura sittin, yana sayen ɗanyar fata a mahauta ya barbaɗa mata gishiri ya tara wa wani dillalin Kano, kuma in ya shiga sahu ba mai muskutawa. Amma ranar da ya dawo daga filin, Haulatu tana tsakar gida tana suyar ƙuli, ta ga ya shigo ba littafi a hammata. Ya zauna a kan turmi.

Can ya ce, "Akwai gero a gidan nan?"

"Akwai kaɗan."

"Ki jiƙa. Gobe a daka gumba a raba wa maƙwabta."

Ta sauke matsami ta dube shi. "Sadakar wa, Malam? Wa ya rasu?"

"Baba," ya ce. "An kira shi sau uku, ina tsaye."